DAGA TANGARAHO ZUWA FAIBA: TARIHIN ZAREN GILASHIN DA CINIKINMU YA RATAYA A KANSA

Rubutun yau yana da tsawo, wanda yake sauri ya ajiye shi sai ya samu natsuwa.

Makon da ya wuce sabis ya ɗauke a unguwarmu tun wajen hantsi. Kira ba ya shiga, data ba ta motsi, mai POS na bakin layinmu ya kifa na'urarsa a kan tebur ya koma cin gyaɗa. Kowa ya hau zagin kamfanin layinsa, har da ni. Da la'asar na fita, sai na tarar da wasu samari uku a cikin rami a gefen titin da ake wa kwalbati, sun kafa 'yar lema, ɗaya ya ɗora wata na'ura kamar ƙaramin akwati a cinya. Katafilar 'yan kwangila ce ta tsinke kebul da safe. Na tsaya na yi musu sannu, na ce Injiniya nuna min abin da ya hana mu sakat yau. Ya ɗago wani zare da sai da na matso sosai kafin na gan shi, ya ce, "Malam ga shi nan. Irinsa 48 ne a cikin wannan kebul ɗin, kuma ɗaya bayan ɗaya za mu haɗa su."

Tun ranar nake son mu yi maganar wannan zaren. Ya shiga rayuwarmu har wuya, amma da yawanmu ba mu san daga ina ya zo ba, ballantana mu san inda ƙarfinsa yake da inda rauninsa yake. Mun ɗauka netwok a iska yake. Alhali tsakanin wayarka da ƙarfen sabis mafi kusa da kai ne kawai saƙo yake bin iska. Daga nan ƙasa yake shiga, ya bi gefen titi har Legas, ya faɗa teku.

Bari mu ɗan koma baya.

A zamanin kakannin kakanninmu, labarin duniya daga arewa yake shigo mana. Ayari ya taso daga Tarabulus, ya bi ta Gadamas da Gat da Agadas, ya yi watanni kafin ya sauke kaya a Kano ko Katsina. Wasiƙa da littafi da labarin abin da ke faruwa a Masar ko Istambul duk a bayan raƙumi suke zuwa. A wancan lokacin mu ne a bakin ƙofa, mutanen gaɓar teku su ne a ƙurya.

Waya ce da jirgin ruwa suka juya wannan ƙofar. A 1858 aka shimfiɗa wayar tangaraho ta farko a ƙarƙashin Tekun Atilantika. Saƙon Sarauniya Biktoriya zuwa ga shugaban Amurka, kalmomi 98 kacal, sai da ya ci kusan awa 16 kafin ya gama isa, kuma wayar ta mutu cikin kamar mako uku. A 1866 aka sake shimfiɗa wata da katafaren jirgin nan Great Eastern, ita ce ta zauna. Shekara 20 bayan haka, a 1886, wayar teku ta haɗa Legas da Landan. Daga Legas aka riƙa jan ta sama, Jebba, Lokoja, Zungeru, tana bin sawun sojan Turawa, har ta iso Kano bayan an ci garin a 1903. Layin dogo ya biyo baya a 1911. Daga nan duk wani abu sabo sai ya sauka Legas tukuna, sannan ya tako a hankali zuwa gare mu. Ku riƙe wannan a ranku, domin har yau hanyar ba ta canza ba.

Duk waɗancan wayoyi na jan ƙarfe ne, lantarki ke bi ta cikinsu. Jan ƙarfe kuwa yana da iyaka. Saƙo yana raunana idan tafiya ta yi nisa, tsawa da manyan wayoyin wuta suna dagula shi, kuma abin da zai iya ɗauka kaɗan ne. Wayar tarho ta farko da ta ratsa Atilantika, TAT-1, a 1956, kira 36 kawai take ɗauka a lokaci guda. Tsakanin nahiya biyu fa!

Masana sun daɗe da sanin cewa ana iya tsare haske a cikin wani abu ya bi lanƙwasarsa. Tun a shekarun 1840 Daniel Colladon ya nuna haka da ruwan da ke tsiyaya daga tanki, haske ya bi ruwan ya lanƙwasa tare da shi. A shekarun 1950 irin su Narinder Singh Kapany suka yi amfani da zaren gilashi wajen ɗaukar hoto, abin da likitoci suka mora wajen leƙa cikin mutum. Matsalar ita ce gilashin wancan zamani yana shanye haske. Kafin a yi mita 20 kusan duk hasken ya ɓace. Shi ya sa aka ce ba zai yi aikin sadarwa ba.

Sai a 1966 wani ɗan asalin Shanghai mai aiki a garin Harlow na Ingila, Charles Kao, shi da abokin aikinsa George Hockham, suka ce laifin ba na gilashi ba ne, na dattin da ke cikinsa ne, musamman ɓurɓushin ƙarfe. Suka lissafa cewa idan aka tace gilashi har ya zama kashi 1 cikin 100 na hasken yana tsira bayan kilomita 1, to za a iya aika saƙo da shi. Mutane da yawa ba su ɗauki maganar da muhimmanci ba. A 1970 ma'aikata uku na kamfanin Corning a Amurka, Robert Maurer da Donald Keck da Peter Schultz, suka ƙera zaren da ya cika wannan sharaɗin. A 1977 aka fara tura kiran waya na gaske ta cikinsa a biranen Amurka, ciki har da Chicago. A 1988 aka buɗe TAT-8, kebul na faiba na farko da ya ratsa Atilantika, mai ɗaukar kira 40,000. Ku auna 36 da 40,000. Shi kuwa Kao sai a 2009 aka ba shi kyautar Nobel, ya riga ya tsufa, ciwon mantuwa ya kama shi.

Faiban yau ya wuce wancan nesa. Asarar hasken da Kao yake fatan a samu a kilomita 1, yanzu sai an yi kimanin kilomita 100 ake yin ta. Yadda abin yake aiki ba wuya. Zaren gilashi ne hawa biyu. Na tsakiya, inda haske ke bi, faɗinsa kamar kashi 9 cikin 1,000 na milimita ne. An lulluɓe shi da wani gilashin daban wanda ke mayar da haske ciki duk lokacin da ya so fita. Duka biyun kaurinsu bai fi gashin kai ba sosai. A wannan bakin na'urar leza tana kunna haske tana kashewa sau biliyoyi a daƙiƙa guda, a wancan bakin wata na'ura tana karantawa. Hasken yana gudun kusan kilomita 200,000 a daƙiƙa. Daga baya aka gano dabarar zuba launukan haske da yawa a zare ɗaya, kowane launi da nasa saƙon, aka kuma samu na'urar da ke ƙara wa haske ƙarfi a hanya ba tare da an mayar da shi lantarki ba. Waɗannan biyun su suka sa bidiyo da kiran WhatsApp suka zama abin da talaka zai iya.

To mu fa, yaushe ya iso mu?

Waɗanda suka yi wayo kafin 2001 sun san zamanin wayar girke. Layukan NITEL a duk ƙasar nan ba su wuce kimanin 400,000 ba, ga mutum sama da miliyan 100. Gidan da ke da waya, duk unguwa nan ake zuwa jiran kira. A Agustan 2001 wayar salula ta shigo. Intanet kuwa a kafe muke samunta, ta babban farantin nan da ake kafawa a kan rufi yana kallon tauraron ɗan'adam. Na yi aiki a irin wannan kafen ina saurayi, ina sayar da tikitin awa-awa. Tauraron yana can nisan kusan kilomita 36,000 a sama, saboda haka duk abin da ka latsa sai ya yi fiye da rabin daƙiƙa kafin amsa ta dawo, ko da komai lafiya. Hadari ya haɗu kuwa, sai dai kowa ya tashi. Na tuna lokacin duba sakamakon jarrabawa, yara sun cika shago har waje, shafi ɗaya ya ƙi buɗewa, tikitin yaro yana ƙarewa yana kallo. Sau da yawa ni nake ƙara masa minti daga aljihuna saboda tausayi.

Alhali a lokacin faiba ya riga ya sauka Legas. Kebul ɗin SAT-3, wanda ya taso daga Fotugal zuwa Afirka ta Kudu, ya fara aiki a 2002. Amma shi kaɗai ne, kuma a Najeriya NITEL kaɗai ke riƙe da bakinsa. Mai kaya ɗaya a kasuwa kun san yadda farashi yake. Tsada ta sa kamfanoni da yawa suka ci gaba da zama a kan tauraro. A Yulin 2009 SAT-3 ya samu matsala ta wajen Kwatano, intanet ta durƙushe a Jamhuriyar Benin da Togo da Nijar da wani babban ɓangare na Najeriya. Wannan shi ne gargaɗi na farko.

Shekarar 2010 ce ta canza labari. Wata 'yar Najeriya, Funke Opeke, ta baro aikinta a Amurka ta dawo gida, ta haɗa kuɗi aka ja kebul ɗin MainOne mai tsawon kilomita 7,000 daga Fotugal zuwa Akara da Legas. A shekarar dai Glo-1 na Mike Adenuga, kilomita 9,800 daga Ingila, ya fara aiki. A 2012 WACS da ACE suka shigo. Gasa ta karya farashin sari, kuma a daidai lokacin wayoyin shafa masu araha suka cika kasuwa. Duk wanda yake karanta wannan rubutu a Facebook, ribar wannan zamanin yake ci. A Afrilun 2022 Equiano na Google ya sauka Legas. A 2024 kuma 2Africa, wanda Meta da abokan haɗin gwiwarta suka ja, mai tsawon kilomita 45,000, ya sauka Legas da Akwa Ibom.

Amfanin faiba a fili yake, ba sai na daɗe a kai ba. Yana ɗaukar kayan da jan ƙarfe ba zai taɓa ɗauka ba. Kebul ɗin jan ƙarfe da muke ja wa kwamfutoci a kafe, mita 100 ce iyakarsa, faiba kuwa yana yin kilomita masu yawa kafin ya nemi taimako. Tsawa ba ta bi ta cikin gilashi ta ƙona maka kaya, wayar wuta ba ta dagula shi, ba ya tsatsa. Satar sauraren abin da ke cikinsa ya fi wuya. Sannan idan an binne shi sau ɗaya, za a iya ninka ƙarfinsa bayan shekaru ta hanyar canza na'urorin da ke bakinsa biyu kawai, ba sai an sake haƙa ba. Ƙarfen sabis ɗin da ke ba ka 4G ko 5G, idan ba faiba a bayansa ko kusa da shi, suna kawai ya tara. Shi ya sa za ka ga sandunan sabis sun cika a wayarka amma hoto ɗaya ya gagara sauka.

Inda nake so mu tsaya shi ne ɗaya ɓangaren, domin shi ne ba a cika faɗa ba.

Ranar Alhamis 14 ga Maris 2024, huɗu ga azumi, ina cikin kasuwa ina haɗa kayan buɗa baki na gida da na wasu 'yan uwa. An gama lissafi, an ɗaure kaya, na ciro waya zan yi taransifa, manhajar banki ta yi ta juyawa. Na gwada ta biyu, haka. Muka je wajen mai POS, ya ce tun safe yake fama. Da yake tun wahalar canjin kuɗi ta farkon 2023 na daina yawo da tsaba, ko kuɗin ɗan dako babu a jikina. Mai shagon dattijo ne, mun daɗe tare, ya ce in tafi da kayan in turo idan abu ya gyaru. Amma a gabana wata mata ta ajiye shinkafa da man da ta ɗauka ta fita hannu rabbana, saboda shi bai san ta ba, ita ma ba ta da wanda zai tsaya mata. Har yau ina tuna fuskarta.

Abin da ya faru a ranar ya faru ne a ƙarƙashin teku, daura da Abijan ta ƙasar Kodebuwa. Kebul huɗu suka lalace kusan lokaci guda: WACS, MainOne, SAT-3 da ACE. A wajen akwai wani ƙaton kwazazzabo a ƙasan teku, kuma bayanan da aka fitar sun nuna motsin ƙasa ne ko zaftarewa ta tsinke su. Ƙasashe fiye da goma suka ji a jikinsu, daga Laberiya da Kodebuwa da Ghana da Benin da Burkina Faso har Nijar da Najeriya da Kamaru, har Afirka ta Kudu. Abin lura shi ne, a takarda kebul huɗu ne, kamfanoni daban-daban, kowa yana ganin yana da madadi. A ƙasan teku kuwa duk ta lungu ɗaya suka bi. Mutum ya raba kuɗinsa aljihu huɗu, amma duk a riga ɗaya.

Gyaran ma ba na kwana ɗaya ba ne. Jiragen da ke wannan aiki kaɗan ne a duniya. Sai da jirgi ya taso daga Cape Town, wani daga Turai. Idan sun iso sai sun lalubo kebul ɗin a zurfin teku, su jawo bakin biyu sama, su haɗa zaren a cikin jirgi, su gwada, su mayar. An kwashe makonni. Abin da ya rage mana zafi a Najeriya shi ne Glo-1 da Equiano ba su tsinke ba, aka karkatar da kaya ta kansu, shi ya sa cikin 'yan kwanaki abubuwa suka fara dawowa. Ƙasashen da ba su da wannan zaɓin sun fi mu shan wuya. Haka ya faru a Bahar Maliya a Fabrairun shekarar, ya kuma faru a gabashin Afirka a watan Mayu.

Wato ƙarfin faiba shi ne rauninsa. Da yake zare ɗaya yana ɗaukar cinikin miliyoyin mutane, sai aka tattara komai a 'yan hanyoyi ƙalilan. Ranar da hanyar ta yanke, kowa ya faɗi tare.

Amma fa gaskiya, tsinkewar teku sau ɗaya ce a shekaru. Wadda ke cin mu kullum a tudu take, irin ta unguwarmu. Gwamnatin tarayya da kanta ta ce a 2024 an samu yankewar faiba sama da 50,000 a ƙasar nan, kuma kimanin 30,000 daga ciki aikin titi ne ya jawo su. Ɗan kwangila ya zo da katafila, ba wanda ya ba shi taswirar abin da ke binne, shi ma bai tambaya ba. Wani lokacin kuma laifin masu binnewar ne, maimakon su haƙa rami mai zurfi su sa bututu, sai su yi ɗan karce su rufe, ruwan sama ɗaya ya tone shi. Sai masu haƙa rijiya da masu gini. Sai ɓarayi da wasu 'yan jari-bola da ke yanke shi suna zaton jan ƙarfe ne a ciki. Su ƙone roba su tarar da gilashin da ko sisi ba za a saya ba, alhali sun jefa gari guda cikin duhu.

Ga kuma wahalar gyara. Wayar jan ƙarfe kowane mai gyaran wuta zai murɗe ta ya naɗe da salatif. Faiba ba ya yarda da haka. Na tsaya na kalli samarin nan. Da farko akwai na'urar da suke haɗawa daga ofis, ta harba haske ta auna dawowarsa, ta faɗa musu a mita ta nawa aka samu yankewar. Idan sun tono wurin, sai a feɗe kowane zare, a goge shi da sinadari, a yanke bakinsa daidai da wata 'yar wuƙa ta musamman, a sa a na'urar haɗi ta daidaita bakin biyu ta narka su da tartsatsin wuta. Ƙura ɗaya ta hau, aiki ya ɓaci, a sake. Ku tuna lokacin hunturu a garuruwanmu. Kowane zare da launinsa, shuɗi da shuɗi, kore da kore, in aka kuskure an haɗa layin wani da na wani. Na'urorin nan duk daga waje ake sayo su da dala, haka 'yan ƙananan na'urorin leza da ake sokawa a bakin kowane layi, haka akwatin da ake sa maka a gida. Ko lanƙwasa shi aka yi da yawa a kusurwar ɗaki, haske zai zube. Kuma a gargaɗi yara da manya: kada a leƙa bakin faiba da ido, hasken ba a ganinsa amma yana iya lahanta ido.

Akwai wani rauni da tsofaffi za su fi ganewa. Wayar girke ta gidan mahaifina tana aiki ko an ɗauke wuta, domin lantarkinta ta cikin wayar yake zuwa daga ofishin waya. Gilashi ba ya ɗaukar lantarki. Saboda haka kowace na'ura a kan hanya, daga tashar bakin teku zuwa ƙarfen sabis zuwa akwatin ɗakinka, sai an ba ta wutarta. A ƙasar da wuta ba ta tsayawa, wannan yana nufin janareta da dizal da batir da sola, da kuma mai gadin da zai hana a sace su. Kuɗin duk a cikin datarka yake.

Sai babbar matsalar, wadda ta fi shafar mu. Zaren kansa ba shi da tsada sosai. Haƙa ramin ne da izinin haƙawa ke cin kuɗi. Daga Legas zuwa Kano kimanin kilomita 1,000 ne, kuma kowace jiha da kebul zai ratsa tana da kuɗin da take karɓa a kan kowace mita. Tun 2013 aka yi matsaya a Majalisar Tattalin Arziki ta Ƙasa cewa naira 145 za a riƙa karɓa, amma jihohi da dama suka ci gaba da karɓar dubbai. A 2020, lokacin Isa Ali Pantami yana ministan sadarwa, aka sake taso da maganar. Ekiti ta sauko daga naira 4,500 zuwa 145, Kaduna ta yafe gaba ɗaya, wasu suka biyo baya, wasu suka yi kunnen uwar shegu. Masu harkar sun daɗe suna kukan cewa kai data daga Legas zuwa cikin ƙasa ya fi kawo ta daga Landan zuwa Legas tsada. Sakamakon shi ne ƙarfin da ya sauka a bakin teku ya fi wanda ake amfani da shi nesa ba kusa ba. Ruwa ya cika tanki, bututun kai shi gidaje ne babu.

Kamfani kuma ɗan kasuwa ne. Zai ja faiba inda mutane suka taru kuma suke da abin biya: Legas, Abuja, Fatakwal, wasu unguwannin Kano da Kaduna. Ƙauyen da ke nesa da babban titi, ga rashin tsaro, ba wanda zai kai masa don Allah. Haka layin dogo ya yi, ya bi inda gyaɗa da auduga da kuza suke. 'Yan uwanmu na Nijar nasu ya fi namu, domin ba su da teku sam, sai abin da ya ratso ta ƙasashen maƙwabta. Shi ya sa aikin faiban da zai ratsa Sahara ya haɗa Aljeriya da Nijar da Najeriya da Chadi, wanda Bankin Raya Afirka ya sa kuɗi a ɓangarensa, yake da muhimmanci a wurina. Kusan tsohuwar hanyar ayari ce za a farfaɗo. Ranar da ya kammala ya yi aiki yadda ya kamata, Agadas da Zinder da Kano za su samu ƙofa ta biyu ta Bahar Rum, ba sai komai ya dogara da Legas ba.

Na san wani zai ce ai ga Starlink. Gaskiya ne, tun Janairun 2023 ya shigo Najeriya, kuma da yake taurarinsa suna ƙasa-ƙasa, kimanin kilomita 550, ba shi da jinkirin farantinmu na kafe. Ga asibitin ƙauye ko makarantar da ke cikin daji, babbar mafita ce. Amma kuɗin kayansa da na wata ba na kowa ba ne, kuma shi kansa idan ya sauko da saƙo tashar ƙasa, faiba yake miƙa wa. Ba zai ɗauki nauyin birni kamar Kano ba.

Yanzu gwamnati ta ce za ta shimfiɗa ƙarin kilomita 90,000, a tashi daga kimanin 35,000 zuwa 125,000, aikin da minista Bosun Tijani yake jagoranta. A 2024 kuma shugaban ƙasa ya sa hannu a kan umarnin da ya sanya kayan sadarwa cikin muhimman kadarorin ƙasa da laifi ne a lalata su. Duka biyun abin so ne. Sai dai mun ga tsarin 2020 zuwa 2025 da ya yi alƙawarin kai intanet mai ƙarfi ga kashi 70 cikin 100, ba a kai ba. Don haka ni tambayoyina ga wakilanmu da gwamnoninmu su ne: ta ina layin zai bi? Ƙananan hukumomi nawa na jiharmu zai taɓa? Zobe za a yi, yadda in an yanke ta gabas saƙo zai zagayo ta yamma, ko layi ɗaya ne mai ƙarewa a wurinmu kamar jela? Nawa jiharmu take karɓa a kan mita? Idan ana sabon titi, me zai hana a binne bututun kebul tun lokacin, a huta da fasa kwalta daga baya? Sannan yaranmu nawa ake koya wa haɗa faiba a kwalejojin fasaha? Sana'a ce mai ci, kuma kilomita 90,000 ba za su gyara kansu ba.

Mu ma da namu. Idan ka ga 'yan kwangila za su haƙa inda aka kafa ɗan dutsen alamar kebul, yi magana. Mai unguwa ya sani, matasan unguwa su sani, cewa baƙar igiyar nan ba jan ƙarfe a cikinta, kuma albashin wani, kuɗin maganin wani, rajistar jarrabawar ɗan wani duk ta ciki suke wucewa. Kuma darasin da na koya ranar huɗu ga azumi: ina ajiye 'yar tsaba a aljihu, ina kuma riƙe layi biyu, duk da na san wani lokacin su biyun a rami ɗaya suke kwance.

Samarin nan sai bayan isha'i suka gama, da fitilar waya suka ƙarasa. Ina zaune a ƙofar gida na ji saƙonni sun fara shigowa a jere, mai POS ya daga na'urarsa, layi ya taru. Da safe na bi ta wurin, an mayar da ƙasa an rufe, katafilar tana nan a gefe, saura kusan rabin titin ba a haƙa ba.

Wanda ya san nawa jiharsa take karɓa a kan mita, ko aka taɓa ja wa faiba har gida ko shago, ya gaya mana yadda abin yake a wajensu. Allah Ya sa mu dace, Ya ba shugabanninmu ikon yin abin da ya kamata.